Leburan Yini, Aikin Shekaru: Tarihin Ma'aikacin Wucin Gadi a Ƙasar Gusau

Akwai wata magana da ta daɗe tana yawo a bakin ma'aikatan wucin gadi, a Gusau da sauran garuruwan Arewa, cewa wai duk wanda ya cika wata uku yana aiki a wuri ɗaya, doka ta mayar da shi ma'aikacin dindindin. Masu shara a asibiti sun san ta, masu gadin makaranta sun san ta, haka ma matasan da ke zaune bayan kanta a bankuna. Maganar tana da tushe, domin kuwa lallai akwai wata uku a cikin Dokar Ƙwadago ta Nijeriya. Sai dai abin da dokar ta alkawarta a ƙarshen wata ukun takarda ce kurum, mai bayyana sharuɗɗan aiki. Babu sashe ko ɗaya a cikinta da ya faɗi ranar da wucin gadi yake ƙarewa. Wannan giɓi ya girmi dokar, ya kuma girmi 'yancin kan Nijeriya, kuma wanda yake son ganin inda ya faro a ƙasar Zamfara, sai ya bi layin dogo.

Kafin zuwan Turawa, ƙasar da Malam Sambo Ɗan Ashafa ya kafa Gusau a cikinta ta san aiki iri-iri: gandu, gayya, bauta, da ƙwadago. Ɗan ƙwadago shi ne ainihin ma'aikacin wucin gadi, kuma sunan ya dace da shi. Ana yin jinga da shi a bakin gona, ya yi noma ko huɗa, in kuyya ta ƙare aiki ya ƙare, ya karɓi ladansa ya kama gabansa. Wa'adin aikin da wa'adin ma'aikacin ɗaya ne. Ba wanda yake yi masa alkawarin gobe, shi ma bai jingina rayuwarsa ga mai gonar ba, don yana da tasa.

Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911. A ƙarshen shekarun 1920 aka ja reshe daga Zariya, ya ratsa Funtuwa da Tsafe da Gusau, ya tuƙe a Ƙauran Namoda a 1929. Hanyar da gwamnatin mulkin mallaka ta saba samun leburorin shimfiɗa dogo a Arewa ita ce ta hannun sarakuna da hakimai: a yanka wa kowace gunduma adadin ƙarti, su yi 'yan makonni, a sallame su a kawo wasu. Haraji kuma, da aka ce sai da kuɗin Bature za a biya shi, ya kora waɗanda hakimi bai kora ba. A nan Hausa ta sami sababbin kalmomi, lebura da helima da tankifa, kuma a nan aka fara raba abin da a da yake haɗe. Dogo aiki ne na dindindin. Kullum akwai dutsen da za a tura ƙarƙashinsa, akwai kayan da za a sauke a tasha. Amma mutumin da ke yin aikin, a littafin tankifa, na yini ɗaya ne. In an kira sunansa da safe yana da aiki. In ba a kira ba, ba a kore shi ba, tun da dama ba a taɓa ɗaukarsa ba.

Jirgi ya mayar da Gusau kasuwar auduga da gyaɗa. Kamfanonin Turawa irin su John Holt da UAC suka buɗe kantuna, kamfanin auduga na BCGA ya kafa injin gurza, audugar ƙasar Bunguɗu da Kwatarkwashi da Tsafe ta riƙa gangarowa a kan jakuna da raƙuma, daga baya a manyan motoci. Kamar yadda ya faru a Zariya da Kaduna da Kano, gari ya yi Sabon Gari, ya kuma yi Tudun Wada, inda baƙin da neman abinci ya kawo suke samun masauki. Gurzar auduga da dakon gyaɗa ayyukan kaka da rani ne, sun kuwa faɗo daidai kan tsohuwar al'adar cin rani. Ƙidayar da aka yi a kan hanyoyin Lardin Sakkwato a ranin 1952 zuwa 1953, wadda masanin labarin ƙasa Mansell Prothero ya yi nazari a kanta, ta nuna fiye da mutum 250,000 sun fita neman aiki ko fatauci a rani ɗaya.

Daga wannan ne hujjar da ta riƙe tsarin shekara da shekaru ta fito, kuma ya kamata a tsaya a kanta. Bature ya ce lebura manomi ne da ya leƙo birni na ɗan lokaci. Ba ya bukatar fansho, don gonarsa ce fanshonsa. Ba ya bukatar kuɗin jinya, don in ya kwanta danginsa na ƙauye za su ɗauke shi. Ba ya bukatar albashin da zai riƙe iyali, don matarsa da 'ya'yansa suna cin hatsin rumbu. Wato ke nan ƙauyukan Bunguɗu da Tsafe su ne suke biyan abin da kamfani da gwamnati suka ƙi biya: su haifi lebura, su raine shi, su karɓe shi in ya tsufa ko ya karye. Hujjar tana da ƙamshin gaskiya a kan ɗan cin ranin da yake komawa gida da faɗuwar ruwan fari. Ba ta da ko kaɗan a kan wanda ya shekara goma sha biyar yana gyaran hanya a ma'aikatar ayyuka ko a En'e, ya yi aure a Tudun Wada, ya aurar a Tudun Wada, amma har gobe ana lissafa masa lada da yini.

A aikin gwamnati an raba ma'aikata gida biyu. Akwai tabbatattu, masu albashin wata da hutu da ƙarin girma da fansho, irin su akawu da malamin asibiti. Akwai kuma waɗanda ba a tabbatar ba, masu ladan yini. Babban yajin aikin 1945, wanda Michael Imoudu na ma'aikatan jirgin ƙasa ya zama tutarsa, ya tsayar da jirage fiye da wata guda a kan tsadar rayuwa, kuma ya jawo ƙarin kuɗi. Amma da kwamitin Miller ya zauna a 1947 a kan masu ladan yini, abin da ya fito shi ne tsarin biyansu shiyya-shiyya, leburan Legas da kuɗinsa, leburan lardunan nesa da nasa. An gyara ladan, an bar katangar a tsaye.

Lokacin da aka fi kusantar rushe ta shi ne bayan samun 'yanci. A 1963 gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa ta naɗa hukumar Mai Shari'a Adeyinka Morgan, kuma cikin abubuwan da aka ɗora mata dubawa har da soke tsarin ladan yini da kuma kafa mafi ƙarancin albashi na ƙasa. Jinkirin fitar da rahotonta da rage abin da ta ba da shawara su suka haifar da yajin aikin gama-gari na kusan mako biyu a watan Yunin 1964. An sasanta a kan kuɗi. Maganar soke ladan yini kuwa ta bi ruwa a hankali, har aka zo hukumar Adebo da ta Udoji, wadda ta tsara matakan albashi daga na 1 zuwa na 17 a 1974. Wanda yake kan mataki ya ci moriyar Udoji. Wanda bai taka ko matakin farko ba, ya sha tsadar kayan da Udoji ya jawo a kasuwa.

A tsakanin nan ne Gusau ta ɗanɗana wani abu dabam. Masaƙar Zamfara da ta fara aiki a tsakiyar shekarun 1960, 'yan shekaru bayan ta farko a Kaduna a 1957, ta kawo irin aikin da injin gurza bai taɓa kawowa ba: aikin shekara cur, mai lambar ma'aikaci da albashin wata. Bayan an haɗe ƙungiyoyin ƙwadago a 1978, ƙungiyar ma'aikatan masaƙu ta ƙasa, wadda Adams Oshiomhole ya daɗe yana sakatarenta, ta yi suna wajen ƙulla yarjejeniya da masu masaƙu a kan albashi da alawus da sallama. Abin lura a nan shi ne, tabbacin da ma'aikacin masaƙa ya samu bai fito daga littafin doka ba. Ya fito ne daga ƙarfin taro da kuma bukatar kamfani ga hannun da ya ƙware. Shi ya sa da masaƙun Arewa suka durƙushe ɗaya bayan ɗaya, saboda rashin wuta da tsadar man injin da kwararowar atamfar waje, har ta Gusau ta bi sahu bayan shekara ta 2000, tabbacin ya tafi tare da su. Bai bar gado a cikin doka ba.

To, me dokar take cewa? Dokar Ƙwadago da ake aiki da ita yau ta samo asali ne daga dokar soja mai lamba 21 ta 1974, wadda ta gaji dokar Turawa ta 1945. Sashe na 7 ya wajabta wa mai ba da aiki ya miƙa wa ma'aikaci rubutacciyar takarda kafin wata uku ya wuce, mai ɗauke da sunan mai aikin, irin aikin, ranar farawa, yawan lada da yadda ake lissafa shi, sa'o'in aiki, hutu, da wa'adin sallama. In kuma aikin mai wa'adi ne, a rubuta ranar ƙarewarsa. Sashe na 11 ya tsara notis: kwana ɗaya ga wanda bai wuce wata uku ba, mako ɗaya daga nan zuwa shekara biyu, mako biyu zuwa shekara biyar, wata ɗaya ga wanda ya kai biyar ko ya haura. Sashe na 18 ya ba da hutun aƙalla kwana shida na aiki, da biya, ga wanda ya yi wata goma sha biyu a jere.

Duk haƙƙoƙin nan a kan igiya ɗaya suke rataye, wato aiki a jere ba yankewa. Wanda yake riƙe da almakashi kuwa shi ne mai ba da aiki. Saboda haka dabarar ba ta da wuyar ganewa: a sallami mutum ana saura 'yan kwanaki ya cika wata uku, ya huta mako guda ba lada, a sake rubuta sunansa a matsayin sabo. Haka zai shekara goma yana sabon ma'aikaci. Ashe wata ukun da ma'aikata suke ɗauka ƙofar shiga ce, a hannun wasu masu ba da aiki ta zama agogon kora.

Dokar mafi ƙarancin albashi ma ta bar ƙofofi a buɗe. Tun ta farko a 1981, mai naira 125, aka cire ƙananan wuraren aiki, da masu aikin ɗan lokaci a yini, da waɗanda ake biya da kamasho ko da yawan abin da suka yi, da masu aikin da ke bin yanayin shekara irin na noma. Adadi ya tashi zuwa naira 18,000 a 2011, 30,000 a 2019, 70,000 a 2024. Dokar 2019 ta sauko da iyakar wurin aiki daga ma'aikata 50 zuwa 25. Amma duk wanda ya san tattalin arzikin Gusau ya san cewa waɗannan da aka cire su ne mafi yawan masu cin abinci da guminsu: 'yan dako, leburorin gini, masu aikin gurza da na sito.

Tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 ya ƙara wa lamarin wani salo. Gwamnatoci suka riƙa sa takunkumin ɗaukar aiki, alhali ɗakin haihuwa bai daina bukatar mai wanke shi ba, aji bai daina bukatar malami ba. Sai shugabannin ma'aikatu suka koma ɗaukar mutane a gefe, ana biyansu daga kuɗin gudanarwa, da alkawarin in an ɗage takunkumi su ne farko. Da aka ƙirƙiro Jihar Zamfara ranar 1 ga Oktoban 1996, Gusau ta zama babban birni, ofisoshi suka yawaita, wannan fata ta ƙara ƙarfi. Kamfanoni kuma suka gano hanyar ɗan tsakiya: banki ko kamfanin sadarwa ya ba wani kamfani kwangilar kawo ma'aikata, mutum yana sanye da rigar wannan, yana bin umarnin wannan, amma a takarda ma'aikacin wancan ne. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Ƙungiyar Ƙwadago ta NLC ta sha rufe ƙofofin kamfanoni a kan wannan a farkon shekarun 2000, an kuma sha kai ƙudurorin haramta shi gaban Majalisar Tarayya ba su zama doka ba. Dalilin, a ganina, ba ɓoyayye ba ne: gwamnatin da za ta sa hannu ita ma tana cikin manyan masu cin moriyar tsarin. Wanzami ba ya son jarfa.

Abin da majalisa ta bari, kotuna sun ɗan taɓa, amma sai an yi hattara da abin da suka ce. A 1985, a shari'ar wasu farfesoshin Jami'ar Legas, Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa wanda doka ce ta kafa sharuɗɗan aikinsa ba a korarsa sai an bi ƙa'idar dokar, in an saɓa kuwa a mayar da shi kujerarsa. A 1991, a shari'ar Jami'ar Obafemi Awolowo da wani malaminta, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce wanda wa'adin gwajinsa ya ƙare aka bar shi yana aiki ana biyansa, ba za a dawo daga baya a ce har yanzu ɗan gwaji ne ba. Hukunci ne mai kyau, amma ya shafi wanda aka ɗauka ta ƙofa, mai takardar kama aiki a hannu. Mai shara da aka ce wa "zo ki fara gobe" ba ta cikin gwaji. A idon doka ko layin ba ta shiga ba.

Canji mafi girma shi ne gyaran Tsarin Mulki na uku, wanda ya fara aiki a 2011. Sashe na 254C ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa hurumin duba zaluncin da ake yi a wurin aiki da kuma amfani da ƙa'idojin ƙwadago na duniya. Daga cikin ƙa'idojin akwai shawarar Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya mai lamba 198 ta 2006, wadda ta ce a dubi yadda aiki yake gudana a zahiri, ba sunan da aka laƙaba masa ba. Da wannan alƙali zai iya tambaya: wa yake ba da umarni, wa yake tsara lokaci, shekara nawa aka yi a haka? Sashe na 40 na Tsarin Mulki kuma bai ware ɗan wucin gadi daga 'yancin shiga ƙungiya ba. Dokar Diyyar Ma'aikata ta 2010 ma ta ambace shi ƙarara cikin waɗanda za a biya in sun ji rauni ko sun rasu a bakin aiki. Sai dai kowane ɗaya daga cikin waɗannan yana bukatar mutum ya kai ƙara, ya ɗauki lauya, ya kawo shaida. Shaidar kuwa rajistar zuwa aiki ce da takardar biya, su kuma suna cikin durowar wanda ake ƙara.

Maƙwabta sun nuna cewa rubuta ranar ba gagara ba ce. Dokar Ƙwadago ta Gana ta 2003, a sashe na 75, ta ce wanda ya yi wa mutum ɗaya aikin wucin gadi wata shida a jere, a ɗauke shi a matsayin na dindindin. Ta ma tanadi cewa leburan yini da ya zo wurin aiki ruwan sama ya hana, a biya shi yininsa. Dokar Kenya ta 2007 tana da irin wannan juyi. A Nijar, da ke iyaka da Zamfara ta arewa, dokar aiki ta sa wa kwantiragi mai wa'adi iyaka, wanda ya saɓa ƙa'idar kuma ana ɗaukarsa maras wa'adi. Ba a ce waɗannan dokoki sun kawar da wayo ba. Mai almakashi yana iya yankewa a wata biyar kamar yadda yake yankewa a wata biyu. Amma aƙalla ma'aikaci yana da ranar da zai ƙirga ya nuna wa alƙali.

Jihar da ta ƙaddamar da Shari'a a 1999 tana da wata mahangar kuma. Dokar ƙwadago hurumin Tarayya ce, amma almajirin da ya karanta Risala a zaure ya san cewa malaman Malikiyya sun sharɗanta wa ijara abu biyu, sanannen lada da sanannen wa'adi ko sanannen aiki, don a kauce wa garari. Jingar ɗan ƙwadago a bakin gona ta cika wannan sharaɗi. Wanda aka ce wa "ci gaba da zuwa, za a duba maganarka" fa? Yana karɓar rabin ladan abokin aikinsa, sauran rabin kuma ana biyansa da tsammani, abin da ba shi da adadi ba shi da rana. Ban ga yadda za a kira wannan ciniki maras garari ba.

Yau hujjar Bature ta ƙarshe ma ta faɗi. Fiye da shekara goma ke nan 'yan bindiga suna tayar da ƙauyuka a ƙananan hukumomin Tsafe da Bunguɗu da sauran sassan jihar, suna hana noma ko su sa wa manomi haraji kafin ya girbe abin da ya shuka. Mutanen da kakanninsu suke zuwa Gusau cin rani su koma da damina, yanzu sun zo da mata da yara da tabarmi, sun raɓa a kangaye da gidajen dangi a Tudun Wada da sauran unguwanni. Gonar da aka ce ita ce fanshon lebura ba ta shiguwa. Yawan masu neman aiki a bakin titi da asuba kuma ya sa wanda yake riƙe da gurbin wucin gadi ba ya ko tambayar takardarsa ta sashe na 7, don ya san mutum nawa ne suke tsaye a bayansa. In an sake rubuta shi sabo a watan jiya, abin da sashe na 11 ya tanadar masa kafin a sallame shi kwana ɗaya ne.